Fadamar Bengu: Mataccen Kogin Da Har Yau Yake Ciyar Da Kasuwanninmu

Duk wanda ya saba cin kasuwar Gaya ko ta Kamba ko ta Malanbil a lokacin rani, ko shakka babu ya sha ganin buhunan dankali jibge kamar an tsiba ƙasa, da dammunan rake jingine a jikin motoci, ga mata ɗauke da farantan dafaffen muruci, ga kuma wani gishiri mai ɗan duhu da makiyaya ke nema ruwa a jallo. Da yawa daga cikinmu mukan yi ciniki mu biya, mu ɗora wa ɗan dako, ba tare da mun tambayi inda kayan suka fito ba. To, kaso mai tsoka na waɗannan kaya daga wuri guda suke fitowa, wato wata doguwar fadama da ta ratso jihar Doso daga arewa ta gangaro kudu har ta faɗa kogin Kwara, wanda wasu ke kira Neja, Zabarmawa kuma su ce Isa. Sunan wannan fadama Dallol Mawri, kuma a kusa da ƙarshenta ne garin Bengu yake zaune, wajen kilomita 20 arewa maso gabas da Gaya, taƙi kaɗan daga iyakar Nijeriya.

Mun ga ya dace mu kai masu karatu, musamman 'yan kasuwa da iyayenmu mata masu kasa kaya, su san wannan wuri, domin kuwa duk kayan da muka lissafa uwarsu ɗaya ce, ita ce ruwan da ke kwance a ƙarƙashin fadamar. Kuma kamar 'ya'yan gida ɗaya masu cin akushi guda, idan ɗaya ya cika loma, sauran ne ke tashi da yunwa.

Kogin da ya nutse cikin yashi

Ita dai kalmar dallol ta Fulatanci ce, ma'anarta kwari. Mawri kuwa shi ne sunan da Zabarmawa ke kiran Arawa da shi, wato kenan kwarin Arawa. Masana ilimin ƙasa sun tabbatar da cewa dubban shekaru da suka shige, a zamanin da hamadar Sahara take da ciyawa da tafkuna, manyan koguna ne ke gangarowa daga arewa suna zuba a Kwara. Da ruwan sama ya ja baya sai kogunan suka ƙafe, yashi ya cike hanyoyinsu, suka bar faffaɗan kwaruruka masu gaɓar jan dutse hagu da dama. Uku ne fitattu a jihar Doso. Akwai Dallol Boso daga yamma, wanda ya haɗu da Kwara a Bumba. Akwai Dallol Mawri, wanda ya biyo ta Matankari da Dogon Dutse da Tibiri, ya yi tafiyar sama da kilomita 300 kafin ya isa kogi a kusa da Dole. Sai kuma ƙaraminsu, Dallol Foga, wanda ya shigo cikin Dallol Mawri a yankin Bana da Bengu.

Sai dai kogin bai mutu murus ba, nutsewa ya yi. Yashin da ya cike kwarin yana shanye ruwan damina ya adana shi, kuma gwargwadon yadda mutum ya gangaro kudu, gwargwadon yadda ruwan ke matsowa sama. A kan tudu mai haƙa rijiya sai ya yi gaba da yawa kafin ya ga danshi, amma a cikin fadamar Bengu akwai wuraren da mutum zai haƙa da fartanya bai kai tsayinsa ba ruwa ya ɓuɓɓugo. A wasu wuraren ma ruwan ya fito fili ya zama tafkuna, wasu su ƙafe da bazara, wasu kuma su kai wata daminar. Bugu da ƙari, yankin Gaya shi ne ya fi ko'ina samun ruwan sama a Jamhuriyar Nijar, kimanin milimita 800 a shekara, alhali Agadas ba ta samun ko 200. Wannan ne ya sa baƙon da ya taso daga arewa, idan ya shigo nan da rani ya ga kore shar, sai ya ɗauka ya fita daga Nijar.

A kan wannan danshi ne ake noman rani: rake da rogo da shinkafa da albasa da tumatir, uwa uba dankali, wanda mutanen yamma ke ce wa kudaku. Bengu ta yi suna wajen dankali, har 'yan kasuwar Doso da Yamai kan ambaci sunan garin idan suna yabon kayansu.

Gishirin Foga

Amma tun kafin dankali ya fitar da sunan yankin, gishiri ne ya fitar da shi. Yadda abin yake shi ne, da zarar ruwan damina ya janye rana ta fara bugun ƙasa, sai ruwan da ke ƙarƙashi ya riƙa tasowa yana ƙafewa, ya bar wani farin ɓawo a sama kamar an barbaɗa toka. A Dallol Boso wannan ɓawo kanwa ce galibi, a Foga kuwa gishiri ya fi yawa. Shi ne ake kankarewa a tara, a zuba cikin wani babban matsami da aka yi da kara ko ciyawa, a kwarara ruwa a kai. Ruwan da ya tsiyaye ta ƙasa shi ake ɗorawa a wuta, a yi ta iza itace awa da awanni har ya ƙone, gishiri ya kwanta. Ƙasar da aka gama tacewa kuwa a gefe ake zubar da ita, shekara da shekaru, har ta zama tuddai. Aiki ne na rani zalla, kuma mata ne ƙashin bayansa. Ran da ruwan farko ya sauka, kasuwa ta tashi, domin ɓawon ya narke ya koma inda ya fito. Dama masu iya magana sun ce gishiri na yi wa man kaɗe dariyar rana, ran da ruwa ya zo shi ne ke jin kunya.

Wannan sana'a ba ta jiya ba ce. A watan Yunin 1853, Bajamushen nan matafiyi, Heinrich Barth, wanda mutanen ƙasar Hausa suka sani da Abdulkarim, ya ratsa kwarin Foga a kan hanyarsa daga Gwandu zuwa Sayi. A littafin tafiye-tafiyensa ya bayyana yadda ya ga ana tace ƙasa ana dafa ruwan, kusan daidai da yadda ake yi har yanzu, ya kuma ga ƙananan ƙauyukan masu aikin gishiri a kan tuddan ƙasar da aka tace. Har ma ya yaba gishirin, inda ya ce ya fi na Bilma daɗin girki, ko da yake bai kai na Tawdenni ba. Idan tun a 1853 tarin ƙasar ya isa a gina ƙauye a kansa, sai mai karatu ya ƙiyasta da kansa shekarun da aka yi ana wannan aiki kafin nan.

Barth ya tarar da yankin cikin yaƙi, kuma wannan ba abin mamaki ba ne, domin inda duk gishiri yake a wancan zamani, idon sarakuna yana kai. Mutanen da aka fi sani da zama na farko a nan su ne Kyangawa, kuma Bengu da Bana da Yelu duk garuruwansu ne, 'yan uwansu na can Kyangakwai kusa da Kamba a jihar Kebbi ta yau. Masana harsuna sun ce asalin harshensu dangin na Busawa ne na ƙasar Bargu, sai dai yau Kyangawan Bengu Hausa suke yi, na wajen Gaya kuma Dandanci. A ƙarni na 16 ikon Kanta na Kabi ya mamaye wannan yanki. Bayan da sojojin Maroko suka karya daular Songhai a 1591, ragowar gidan Askiya sun gangaro ƙasar Dandi suka kafa mulki. Bayan jihadin 1804 yankin ya faɗa rabon Gwandu, har zuwa 1849 lokacin da Yakubu Nabame ya ɗaga tutar Kabi, Arawa da Zabarmawa da Dandawa suka mara masa baya. Cikin wannan rikici ne Barth ya iso, shekara huɗu da farawarsa.

Duk da yaƙe-yaƙen, fatake ba su daina bi ba. Ɗaya daga hanyoyin Gwanja, wadda ake bi a je sayen goro, ta wannan yanki ta ratsa kafin a ƙetare Kwara a shiga Bargu, kuma gishirin Foga na cikin kayan da jakuna ke ɗauka zuwa kasuwannin Kabi da Jega da ƙetaren kogi.

Turawa ma da suka zo rabon ƙasa, wannan fadama suka fara kamawa. Yarjejeniyar da Ingila da Faransa suka sa wa hannu a birnin Paris ranar 14 ga Yunin 1898 ta ce iyaka za ta tashi daga bakin Kwara ta bi tsakiyar Dallol Mawri, har ta haɗu da wani da'ira da aka zana mai nisan mil 100 daga tsakiyar birnin Sakkwato. Wato da abin ya tsaya a haka, da mutum zai kankare ƙasar gishiri a mulkin Faransa ya dafa ta a mulkin Ingila. Yarjejeniyoyin 1904 da 1906 ne suka gyara layin suka tura shi gabas, aka kafa duwatsun iyaka tsakanin 1906 da 1908, fadamar ta zauna a ɓangaren Faransa. Ta haka ne Bengu ta zama Nijar, Kamba ta zama Nijeriya, alhali mutanen dangi ne, suna auratayya, suna cin kasuwar juna har gobe.

Yau gishirin Foga ba shi da ƙarfin da yake da shi a da a tukunyar miya. Gishirin teku na kamfani ya cika kasuwa, ga arha ga fari, kuma tun shekarun 1990 Nijar da Nijeriya duk suka wajabta sanya sinadarin aidin a gishirin da ake sayar wa mutane, domin maganin maƙoƙo da kare ƙwaƙwalwar jarirai. Gishirin da aka dafa a gargajiyance ba ya zuwa da wannan ƙari. Saboda haka muna ganin ya kamata mai kasa gishiri ta san bambancin, ta kuma faɗa wa mai saye gaskiya: na kamfani mai aidin don miyar gida, musamman inda ake da mai ciki ko ƙananan yara. Babbar kasuwar na Foga kuwa tana wajen makiyaya da masu kiwon turke, waɗanda suka yarda yana buɗe wa dabba ciki ta ci ta sha.

Abin da ya fi cin kuɗi da ƙarfi a sana'ar gishiri shi ne itace. Kowace tukunya sai ta ci wuta mai yawa, kuma dazukan da ke kusa sun ja baya. A nan ne maganar gishiri ta haɗu da maganar giginya.

Kurmin giginya

Babu inda giginya ta yi kurmi a Nijar kamar kudancin Dallol Mawri da bakin kogi a yankin Gaya. Dubban hektoci ne, bishiyoyi tsaye cak kamar sojoji, a ƙarƙashinsu kuma gonakin gero da dawa da wake, domin giginya ba ta danne shuka da inuwa. Tana son inda saiwarta za ta taɓa ruwa, shi ya sa ta sami gida a nan, tare da ƙanwarta goriba.

Kusan babu abin yarwa a jikinta. Daga gangarta ake tsaga azara, wadda gara ba ta ci, kuma da ita aka rufe manyan soraye da masallatan ƙasar Hausa. Tsohon masallacin Juma'a na Zariya da Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina a ƙarni na 19, azara ce ke riƙe da bakunansa. Ganyenta ana yin tabarma da mafici da shinge da rufin rumfa, ƙotar ganyen kuma a yi kujera da gado ko a iza a murhu. 'Ya'yanta idan sun nuna suka yi ja, ana sha ana kuma sanyawa a kunu. Giginya akwai namiji akwai mace, macen ce ke 'ya'ya, magina kuma sun fi son azarar namiji da ya tsufa, don ta fi tauri.

Sai muruci, wanda shi ne ya fi shafar mata. Kowane ɗan giginya yakan zo da ƙwallo har uku a cikinsa. Ana tattara su a binne a ƙasa mai danshi, bayan wata shida zuwa takwas sai a tone, a sami tsiron ya yi kauri ya cika da gari. Shi ne ake dafawa a kai kasuwa, kuma murucin Gaya yana tafiya har Yamai da garuruwan Nijeriya. Sana'a ce mai rufin asiri, da yawan mata da ita suke yi wa 'ya'yansu kayan ɗaki. Sai dai akwai lissafin da ba mu cika yi ba: kowane muruci guda da muka ɓare muka ci, giginya guda ce da ba za ta tsaya ba. Idan aka kwashe 'ya'yan kakaf daga gindin bishiya, aka sare manya don azara, aka yanke ganyen ƙanana don itacen gishiri, to kurmin zai yi ta tsufa babu magaji. Ita kuma giginya ba zogale ba ce da za a dasa bana a ci baɗi. Wanda ya shuka ta, sau da yawa 'ya'yansa ne ke cin azararta.

Hukuma ta daɗe da ganin wannan haɗari, amma maganin da ta fara kawowa sai ya ƙara ciwon. Dokar daji ta Faransa ta 1935, da wadda Nijar ta kafa a 1974, sun mayar da irin waɗannan itatuwa a ƙarƙashin ikon gwamnati. Manomi yana ji yana gani wani zai zo daga birni da takardar izini ya sare giginyar da ke tsakiyar gonarsa, shi kuwa in ya taɓa ta tara ce. Nan karin maganar nan ya tabbata, inuwar giginya na nesa ka sha. To, wa zai wahala da renon abin da ba nasa ba? Da yawa sun gwammace su kashe tsiron tun yana ƙarami, su huta da ma'aikacin gandun daji. A shekarun 1990 ne aka sauya salo, inda wani shiri da ƙasar Suwizalan ta tallafa wa ya damƙa kula da kurmin a hannun kwamitocin ƙauyuka, su yi gadi, su shuka, su kuma sami kaso daga kuɗin azarar da aka sayar. Sabuwar dokar daji ta 2004 ta ƙara buɗe ƙofa ga ƙananan hukumomi da jama'ar gari. A ganinmu wannan ita ce hanyar da ta fi kama hankali, ko da yake kwamiti ma sai da sa ido, don kowa ya san yadda kuɗin jama'a ke yi idan ya shiga hannun mutum uku.

A wannan shekara ta 2004, ranar 26 ga Afrilu, aka sanya Dallol Mawri cikin jerin fadamu masu muhimmanci na duniya, ƙarƙashin yarjejeniyar da aka ƙulla a garin Ramsar na ƙasar Iran a 1971. Filin da aka yi wa rajista ya haura hekta dubu 300. Kada mai karatu ya ɗauka wannan na nufin an kori manoma ko an hana kamun kifi. Abin da ƙasa ta yi alkawari shi ne a ci moriyar wurin ba tare da an kashe shi ba.

Mazauna ruwa da na sama

Tafkunan fadamar da bakin kogi suna da nasu jama'ar. Akwai tarwaɗa da karfasa da kurungu, a babban kogi kuma ga giwan ruwa da yauni. Mafi ban mamaki ita ce gaiwa, wadda idan tafki ya ƙafe take nutsawa cikin laka ta lulluɓe kanta da yauƙi, tana shaƙar iska ta wata 'yar kafa, ta yi watanni ba ci ba sha sai abin da jikinta ya tara, har ruwa ya dawo. Daga nan ne Bahaushe ya samo zancen gaiwa mai cin jikinta, wanda kowane ɗan kasuwar da ya taɓa cin uwar kuɗi ya san ma'anarsa. Shi kansa kogin sau biyu yake cika a shekara a wannan yanki: farin ruwa na damina wajen Agusta da Satumba, sai baƙin ruwa da ke isowa da sanyi, wajen Disamba zuwa Fabrairu, bayan ya yi doguwar tafiya daga duwatsun ƙasar Gini. Masunta da manoman shinkafa da wannan lissafi suke aiki.

Tsuntsaye kuwa ba a magana. Ga kirinjijiya da ɗinya da zalɓe da balbela, ga shamuwa da ke zuwa da albishir ɗin damina. Da kaka kuma sai baƙi su sauka, agwagin ruwa da ƙananan tsuntsayen bakin tafki da suka taso daga Turai suka ƙetare teku da Sahara, su yi sanyi a nan, su koma wajen Maris ko Afrilu. Su ba su san biza ba. A jikin giginya akwai wata 'yar tsattsewa da ke manna sheƙarta a bayan ganye da yawunta, ta kuma manna ƙwanta a jikin sheƙar don kada iska ta kaɗo shi. Gauraka kam ta yi ƙaranci a duk Afirka ta Yamma, kuma ɗaya daga dalilan shi ne kama ta da ake yi ana sayar wa masu kuɗi su ajiye a gida don ado.

A cikin kogi akwai dorina, wadda manoman shinkafa da masu kwalekwale ba sa yi wa kallon abin sha'awa, don takan yi ɓarna har da kisa. Akwai kuma ayu, mai kiwon ciyawar burgu a ƙarƙashin ruwa. Ayu ɗa guda take haifa bayan cikin kusan shekara, don haka kashe ɗaya ba ƙaramin giɓi ba ne. Muna jan hankalin masu sayar da kayan magani a kasuwa cewa dokar farauta ta Nijar ta 1998 ta haramta kashe shi, kuma tun 2013 aka hana cinikin sassan jikinsa tsakanin ƙasashe. Duk wanda aka kama da mansa ko fatarsa a kan iyaka, ya san abin da ya taka.

Manyan namun daji irin su giwa da zaki da ɓauna, sai a gandun W da ke ƙetaren kogi daga yamma, wanda ya shiga jerin wuraren tarihi na hukumar UNESCO a 1996, amma matsalar tsaro ta 'yan shekarun nan ta hana masu yawon buɗe ido shiga. A Dallol Boso kuma, wajen Kure, akwai ragowar raƙuman dawa na Afirka ta Yamma, waɗanda a 1996 ba su kai 50 ba, amma da aka kula da su suka haura 600 cikin shekara ashirin da 'yan kai.

Abin da ke cin fadamar

Duk wanda ya san tafkunan yankin shekaru talatin baya ya kuma gan su yanzu, abin da zai fara lura da shi shi ne kacalla, doguwar ciyawar nan da ke mamaye ruwa. Inda ta kafu, taru ba ya shiga, kwalekwale ba ya wucewa, shanu ba sa kai wa ga ruwa, sai sauro da jan baki masu cin hatsi su sami maɓoya. Mutanen Hadeja da Nguru a Nijeriya sun san wannan masifa sarai. A Senigal da Muritaniya an fara mayar da ita gawayin girki, kuma muna ganin dabara ce da ta cancanci a gwada a Foga, tunda ga masu dafa gishiri suna neman abin izawa, ga ciyawa ta hana kowa sakat.

Na biyu shi ne yashi. Fari na 1973 zuwa 1974 da na 1984 ya kashe itatuwa da yawa a kan tudu, sara da faɗaɗa gonaki suka ƙarasa. Yanzu ruwan sama idan ya sauka a kan fako babu abin da ke tare shi, sai ya yanko kwazazzabai ya kwaso yashi ya juye a cikin lambuna da tafkuna. A shekarun ambaliya irin 2012 da 2020 kuwa, ruwa ya yi yawa har ya ci gonaki da gidaje a yankin Gaya. Ga kuma injinan ban ruwa da suka yawaita, waɗanda suka sauƙaƙa wa manomi aiki, amma a fadamar da ƙasarta ke da gishiri, ban ruwa ba bisa ƙa'ida ba yana iya jawo gishirin sama ya ƙone shuka. Haka nan wuraren da a da makiyaya ke sauka da rani, da yawa sun zama lambuna, abin da ke jawo ce-ce-ku-ce duk shekara a kan burtali da mashaya.

Sai kuma iyaka, wadda ita ce ta fi taɓa aljihun ɗan kasuwa kai tsaye. Gadar da ta haɗa Gaya da Malanbil tun 1958 ita ce ta kasance babbar ƙofar Nijar zuwa tashar jiragen ruwa ta Kwatano har zuwa 2023, hanyar Kamba kuma ita ce ƙofar Kebbi da Sakkwato. Nijeriya ta rufe iyakokinta na ƙasa daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 a Yamai, takunkumin ƙungiyar ECOWAS ya rufe ƙofofin biyu a lokaci guda. An buɗe ta Nijeriya a Maris ɗin 2024, amma gadar Malanbil ta ci gaba da zama a toshe daga ɓangaren Nijar duk tsawon wannan shekara, mutane da kaya suka koma ƙetarewa a kwalekwale. A irin wannan hali ba duk kayan fadama ne ke shan wahala iri ɗaya ba. Mai gishiri da mai azara suna iya jingine kayansu a ɗaki su jira wata da watanni. Mai dankali da mai rake da mai muruci kuwa kwanaki ƙalilan gare su, ko su karyar a kasuwar Gaya, ko su biya kuɗin fito da na dako ninki biyu, ko kuma su ɗora a mota zuwa Doso da Yamai, tafiyar kusan kilomita 300, inda za su tarar da kayan wasu fadamun sun riga su sauka.